Ranar da na goge zanen fuskar Iya

Ba zan taɓa mantawa da ranar walimar auren ƙanwata Hadiza ba. Ko na so in manta ma, mutanen gidanmu sun ɗauki alkawari ba za su bar ni ba, shi ya sa na ce gara in ba da labarin da bakina kafin wani ya ba ku shi da ƙarin gishiri.

A New Bell ta Duwala aka haife ni, a unguwar Hausawa, a wani lungu bayan masallaci wanda in ruwa ya sauka sai ka naɗe wando har gwiwa kafin ka kai titi. Babanmu shadda da atamfa yake sayarwa a kasuwa, kuma tun ina firamare kowa ya san shagon nan ni yake jira, tunda ni ne babban ɗa namiji. Ni kuwa Allah Ya jarrabe ni da wani abu daban. Tun ina lise, wato sakandare, na sayi wata tsohuwar kwamfuta, wadda in ta yi zafi sai na ɗora ta a kan faranti na kunna mata fanka, na shiga koyon siddabarun fim: yadda ake sa mota ta kama da wuta ba a ƙona ta ba, yadda mutum zai tsaya a ɗaki a nuna shi a bakin teku. Da Faransanci effets spéciaux ake ce masa. Baba kuwa sunan da ya raɗa masa shi ne "rufa-idon nan naka".

Na dage har na samu gurbi a wani ƙaramin kamfanin fim a unguwar Bonapriso, wajen wata mata da muke kira Madam Solanj. To amma kada ku ɗauka wuta nake kunnawa ko benaye nake rushewa. Ina! Sabon shiga aikinsa gogewa. An ɗauki fim ɗin zamanin da, sai ga wayar lantarki ta ratsa sararin sama, in goge. Ɗan bensikin, wato ɗan acaɓa, ya gifta da babur ɗinsa a bayan jaruma tana tsakiyar kuka, in goge. Mai tallar man shafawa ta tashi da ƙurji a haɓa, shi ma ni. A cikin sakan ɗaya akwai hoto ashirin da biyar, kuma kowanne sai ka bi shi. Madam ta zo ta tsaya a bayanka, ta nuna allon da biro, ta ce, "Nettoie-moi ça," wato share mini wannan, ta wuce abinta. Shekara biyu ina haka, har ya zama in ina zaune a taksi ina kallon fuskar na kusa da ni, yatsana na motsi da kansa.

Akwai kuma wata ɗabi'a ta masu aikinmu (ku riƙe ta da kyau, za ta dawo): ba ma kunna sauti. Mutumin da zai wuni yana maimaita sakan uku, gaba, baya, gaba, baya, in ya bar muryar a kunne haukacewa zai yi. Sai mu kashe, mu sa waƙa a kunne, mu bar bakin mutum yana motsi shi kaɗai.

Matsalar wannan sana'a ita ce, in ka yi ta da kyau ba mai ganinta. Wata Juma'a bayan an sauko daga masallaci na miƙa wa Baba waya, ina ta doki.

"Baba, ka ga wannan wurin? Ni na yi shi."

Ya gyara tabarau, ya duba. "Me ka yi?"

"Da akwai turken lantarki a nan. Na cire."

"To ina yake?"

"Ai babu, Baba. Na cire."

"Kwana nawa ka yi a kai?"

"Huɗu."

"Kwana huɗu kana aiki, abin da za ka nuna mini shi ne babu." Ya miƙo mini wayata. "Ni in na wuni a shago, da yamma akwai yadin da ya fita, akwai wanda zai sa shi ya je suna. Gwiwoyina sun fara gajiya. Bayan bikin Hadiza ka zo ka karɓi makulli."

Bai ɗaga murya ba, kuma Baba in bai ɗaga murya ba magana ta ƙare ke nan. Wata biyu ya rage bikin. Na fito raina a ɓace, na rantse a zuciyata ko zan daina barci sai na nuna wa mutumin nan abin da ido zai gani. Ba na ƙin shago, shi ya ciyar da ni, amma wallahi na san in na zauna a bayan kantar nan ina auna yadi, wani abu zai mutu a cikina.

Sai Allah Ya kawo dama ta inda ban zata ba. Dangin angon mutanen Garwa ne, kuma wata gwaggonsa ta yi suɓutar baki a wajen kawo lefe, wai Hausawan Duwala ai ba a san daga inda suka ɓullo ba. Maganar ta zagaya ta isa kunnen Baba, ta kuma ci masa rai ƙwarai, har abinci ya rage ci. Ni kuwa na ce ga ranata. Na same shi na ce a bar ni in ɗauki Iya, mahaifiyarsa, tana ba da tarihin gidanmu, in haɗa fim a nuna ranar walima a gaban baƙin. Ya daɗe yana jan carbi kafin ya ce, "In ka yi abin da zan nuna wa surukai ban sunkuyar da kai ba, za mu sake magana a kan makulli."

Iya a lokacin ta haura tamanin. A ƙasar Gobir aka haife ta, ta biyo kakanmu ta Ikko suka shigo Duwala a jirgin ruwa, tana ɗauke da cikin Baffa Alhaji, wan Baba. Ni da ita wasan jika da kaka muke yi, ba ta kirana da komai sai Maigidan. Na ɗauko koren yadi daga shagon Baba na rataya a tsakar gida (a kan kore muke ɗora duk bayan da muke so), na zaunar da ita, na tafa hannu sau ɗaya, na ce bismillah. Awa biyu cur tana magana. Ni me nake yi? Ina kallon hadari kada ya rufe mini haske, ina kallon batir, ina korar kajin maƙwabta. Na san dai bakinta na motsi. Baffa Alhaji ma ya zo ya ce ba yadda za a yi fim ɗin gidansu ba da shi ba, shi zai buɗe da addu'a, na ɗauke shi minti ɗaya.

Da yake awa biyu ta yi yawa, sai Baba ya ce in tura masa muryar a waya. Ya saurara a shago, ya rubuta mini a bayan kwalin atamfa: daga minti kaza zuwa minti kaza. Wato kunne na wajensa, ido na wajena, kuma ba wanda ya ga abin da ɗan'uwansa yake yi.

Jama'a, na yi aiki. Mako uku bayan an tashi daga ofis ina nan zaune. Na gina jirgin ruwa yana shigowa kogin Wuri da hayaƙinsa, na gina tsohuwar New Bell da gidajen katako, na sa tsuntsaye, na sa inuwar gajimare tana tafiya a kan ruwa. Da na tsaya a nan, da yau ba ni da labarin da zan ba ku. Amma sai na jawo fuskar Iya kusa a babban allon ofis, Shaiɗan kuma ya matso kusa da kunnena.

Layuka ne ko'ina. Kada in yi muku ƙarya, na san Iya tana da zane a kumatu, duk wanda ya tashi a gidan ya sani. Amma tsufa ya haɗa zanen da tamoji sun cakuɗe, kuma ni ɗan makarantar Faransanci ban taɓa zama na tambayi ko mene ne ba, na ɗauka kwalliyar mutanen da ce kawai. Na ce bari in yi wa tsohuwa kyauta, in rage mata shekara ashirin, baƙi su ga uwar da ta haifi Baba. Na faro daga goshi, na sauko gefen ido, na iso kunci. A nan na kasa bambance wanne ne na tsufa, wanne ne na aska. Na goge biyu, sauran suka yi wani iri, sai na ce tunda an fara a gama.

Kwana goma sha ɗaya na yi a kan kumatun nan. Kunci ba ya tsayawa wuri ɗaya in mutum na magana, ga kuma wani wuri da ya kusa kashe ni, inda Iya ta ɗora yatsa a fuska tana ta jan shi sama da ƙasa. Dole in yanke gefen yatsan hoto bayan hoto, in share abin da ke ƙarƙashinsa. Ina yi ina tsaki, ina cewa, "Wai me tsohuwar nan take ta sosawa haka?" (Waƙa na kunnena, kun tuna.) Madam ta gifta ta leƙa, ta ce, "Propre!" wato ya yi fes. Kaina ya ƙara girma. Da na zo kan Baffa Alhaji kuwa, na ga wani baƙin tabo a tsakiyar goshi, hannu ya riga ƙwaƙwalwa, minti goma na gama da shi.

Da safiyar walima na mayar da sauti. Na duba wurin da na tafa hannu, na ga baki da murya sun dace, na ce alhamdu lillahi, na zuba a filas ɗin kwamfuta na sa a aljihu.

Bayan azahar aka tare lungunmu da rumfuna. Maza gefe, mata gefe, ga shinkafa, ga soya (tsire ke nan), ga folere, wato zoɓo, mai sanyi, ga ƙatuwar talabijin da muka ɗauko haya an ɗora a kan tebur biyu. Mutanen Garwa suna sahun gaba, gwaggon nan tana ta fifita da mafici. Ni kuma na sha sabuwar shadda, na tsaya a gefen talabijin ina banƙaro ƙirji kamar ni na tuƙo jirgin daga Ikko.

Baffa Alhaji ya bayyana yana addu'a. Aka fara amin, amin, sai na ji amin ɗin tana raguwa. Wani abokinsa daga baya ya ɗaga murya ya ce, "Alhaji, ina goshin?" Baffa ya kai hannu ya shafa goshinsa, ya dubi allo, ya sake shafawa. Ya juyo ya dube ni. "Kai! Shekara hamsin ina kai goshin nan ƙasa, ka share mini a yini ɗaya?" Wuri ya kaure da dariya. Na ce wannan mai sauƙi ce, jirgi na zuwa.

Jirgi kuwa ya zo. Aka ɗau tafi, wani tsoho yana ta faɗin, "Haka yake! Wallahi haka bakin ruwan yake!" Na saci kallon Baba, na ga fuskarsa ta saki, har ya ɗan gyaɗa kai. A raina na ce makulli, sai wata rana.

Sai fuskar Iya ta cika allo. Santsi, fes, kamar 'yar shekara hamsin, har wata daga ɓangaren mata ta rangaɗa guɗa. Daga nan kuma, a karon farko a rayuwata, na ji abin da take cewa a wurin nan da na yi ta tsaki.

"Duk wanda ya ce ba mu da asali, ya matso ya karanta. Ga shi nan. Ina jaririya wanzamin gidanmu ya yi mini shi. Ranar da zan bar gida babana ya ce, ko kin manta hanya, fuskarki ba za ta manta ba. Shida a nan, bakwai a nan. Ku ƙirga."

Sai ta fara ƙirgawa. Ɗaya. Biyu. Uku. Yatsa na tafiya a hankali a kan kuncin da ya yi sumul kamar ƙwai. Inna lillahi! Don ƙarin wulakanci ma, ni da kaina na sa hoton yana matsowa kusa a daidai wurin, wai don a ga kyan aikina. Ta gama shida, ta juya ɗaya kuncin, ta faro bakwai. Ban taɓa sanin goma sha uku na da nisa haka ba. Ba mai tari, ba mai motsa cokali. Da ta kai ƙarshe sai gwaggon Garwa ta ajiye mafici ta ce, ba da ƙarfi ba, amma kowa ya ji, "To, mu dai ba mu ga komai ba."

Na dubi Baba. Bai harare ni ba, da ma hararar ya yi. Kansa ya sunkuyar, abin da ya roƙe ni kada in sa shi yi.

Daga kujerarta Iya ta ce, "Maigidan, wannan yarinyar 'yar gidan wa ce? Ni dai ban san ta ba." Aka yi dariya, domin ta ba da hanyar yin dariyar. Amma ni ina kusa, na ga ta dafe kuncinta da tafin hannu kamar mai tsoron a ɗauke mata. Wannan ya fi komai yi mini ciwo. Garin gyaran gira na tsone ido, idon ma na kakata.

Na so ƙasa ta tsage in shige. Na so in je in karɓi makullin a take in huta. Amma wani taurin kai da na gada (a wajen Baba, ko ya yarda ko bai yarda ba) ya hana ni. Na ratsa mutane na durƙusa a gabansa, na ce, "Baba, na yi kuskure. Ka ba ni zuwa magariba." Baffa Alhaji ne ya ce, "Tashi ka tafi, ka taho mini da goshina."

Na tare bensikin na ce Bonapriso, ko ta kan rufin gidaje ne. Ruwan Duwala kuma da ma jira yake, ya sauko mana tun kafin mu fita daga New Bell, sabuwar shaddata ta manne mini a jiki. Na buɗe ofis ina ɗiga. A aikinmu ba a taɓa asalin hoto, duk gyaran da ka yi kamar leda ce ka shimfiɗa a sama. Na nemo ledar Iya na danna sau ɗaya. Aikin kwana goma sha ɗaya ya tafi, fuskarta ta dawo. Na cire ta Baffa. Sannan na ƙara ɗan haske daga gefe yadda kowane layi zai fito sarai, na sa yatsa a allo na ƙirga da kaina: shida, bakwai. Suna nan ƙalau, sun taso daga gefen baki sun nufi kunne, ba su yi kama da tamoji ko kaɗan ba ga wanda ya tsaya ya duba.

Yayin da na'ura take haɗa fim ɗin, na cire waƙa na kunna muryar Iya, na saurara daga farko har ƙarshe. Na ji sunan garinsu, na ji sunan babanta, na ji yadda ta yi amai kwana uku a jirgi tana zagin kakanmu. Na yi dariya ni kaɗai a ofis, na kuma yi kuka, ba zan ɓoye ba.

Na dawo ana shirin kiran magariba, an fara tattara kujeru. Ban je wajen Baba ba, wajen Iya na je na tsuguna, na ce, "Iya, na dawo da ke." Ta dube ni sama da ƙasa, ta ce, "Ka jiƙe kamar kaza. A kunna." Mutanen Garwa suka koma suka zauna, ina jin dai don su ga ƙarshen abin. Goshin Baffa ya fito, abokinsa ya yi kabbara. Da aka zo wurin ƙirga kuwa, ban san wanda ya fara ba, sai na ji rumfa gaba ɗaya tana bin yatsan Iya da baki: ɗaya, biyu, uku, har goma sha uku. Gwaggon ta taso da kanta ta zo ta durƙusa ta gaida Iya, ta ce, "Gobir ke nan, Hajiya, ba tambaya. A yafe mana."

Washegari Baba ya kira ni ɗakinsa. Makullin shago na kan tabarma a gabansa, na ce shi ke nan, tawa ta ƙare.

"Shekara biyu kana nuna mini babu," in ji shi. "Jiya na gani. Mutumin da zai cire abin da wanzami ya yi shekara tamanin da suka wuce, ko alama ba a gani ba, ya iya aikinsa. Aikin banza ka yi, amma ka iya." Ya ɗauki makullin ya jefa a aljihu. "Wannan zan ba Sani ɗan Baffanka. Kai kuma duk Juma'a in an sauko ka je ka zauna wajen uwata. Ba kyamara. Kunne kawai."

Na je. Juma'ar farko ta kama yatsana ta bi da shi a kan layukan ɗaya bayan ɗaya, tana cewa, "Ƙirga, Maigidan, tunda makarantarku ba a koya muku lissafi." Shekara uku muka yi a haka kafin Allah Ya karɓi abarsa. Ita ce ta ƙarshe mai zane a gidanmu, domin duk 'ya'yanta a Duwala aka haife su, ba wanda aka yi wa. Yau in jikoki suna son ganin shida da bakwai ɗin nan, fim ɗina ake kunna musu, wato abin da na yi kwana goma sha ɗaya ina ƙoƙarin sharewa.

Yanzu na wuce matakin goge waya, ni nake ƙona motoci, ni nake saukar da ruwan sama. Abokan aiki suna yi mini tsiya wai ina ɓata lokaci, domin kowane aiki aka kawo sai na saurare shi da sauti daga farko har ƙarshe kafin in taɓa komai. Ina ƙyale su, ba su taɓa tsayawa a gaban surukai ana ƙirga babu har sau goma sha uku ba. Ni dai na koyi karatuna: kafin ka goge abu, ka tambayi wanda ya sa shi a wurin.

Baffa Alhaji kuwa har gobe bai yarda da ni ba. Ko a taron suna na ɗaga waya zan ɗauki hoto, sai ya ɗora tafin hannu a goshi ya ce, "A'a, ɗana. Wannan da guminsa na same shi."